Bashin da Hausawan Bahia ke bin mu

A gidan adana takardun tarihi na jihar Bahia, cikin birnin Salvador na ƙasar Birazil, akwai wasu 'yan takardu da 'yan sanda suka ciro daga wuyan gawawwaki da ɗakunan bayi a watan Janairun 1835. Duk wanda ya yi karatun allo a Kano ko Katsina ko Damagaram, yana ɗora ido a kansu zai san abin da yake kallo. Rubutu ne irin namu na Warshu, harafin fa da ɗigonsa a ƙasa, ƙaf da ɗigo guda a sama. Wata Fatiha ce, wata daga Yasin aka ɗebo, wata Ayatul Kursiyyu, wata kuma hatimi ne da gidajensa. An ninke takarda an sake ninkewa har ta koma kamar faɗin babban yatsa, sannan aka ɗinke ta cikin fata. Laya ce dai, irin wadda dukawanmu ke ɗinkawa har gobe. Waɗanda suka rataya ta, bayi da 'yantattun Musulmi 'yan Afirka da suka tayar da bore, sun fito da takubba cikin fararen riguna a daren 25 ga Ramadan na shekarar 1250, suka tunkari sojoji masu bindiga, kafin rana ta fito fiye da saba'in daga cikinsu sun riga mu gidan gaskiya.

Babu wanda ya bi diddigin wannan dare kamar João José Reis. Ɗan Salvador ne, a can aka haife shi a 1952, a can ya fara karatun tarihi lokacin da sojoji ke mulkin Birazil. Daga nan ya tafi Jami'ar Minnesota a Amurka, ya kammala digirin digirgir a 1982 a hannun Stuart Schwartz, masanin tarihin gandayen rake na Bahia, ya dawo gida ya zauna yana koyarwa a Jami'ar Tarayya ta Bahia shekara da shekaru. Littafinsa kan boren 1835 ya fito da harshen Fotugis a 1986, aka fassara shi zuwa Turanci a 1993. Bai ɗauka ya gama ba. Ya koma kan takardun ya ƙara tono, ya sake fitar da littafin a 2003, ya fi na farko kauri nesa ba kusa ba. A 2017 Cibiyar Adabi ta Birazil ta ba shi lambar yabo ta Machado de Assis saboda ɗaukacin rubuce-rubucensa.

Ina ganin ya kamata kowane Bahaushe mai son tarihi ya san sunan wannan mutum, kuma dalilina shi ne bai yi mana daɗin baki ba. Labarin da ya fi yaɗuwa, wanda kuma ya fi daɗi a kunnenmu, shi ne wai Hausawa ne suka jagoranci boren 1835, wai jihadin Shehu ne ya tsallaka teku. Wani likita ɗan Birazil, Nina Rodrigues, wanda ya rasu a 1906, shi ya kafa wannan magana, aka yi ta maimaita ta kusan shekara tamanin. Reis ya zauna ya ƙirga mutanen ɗaya bayan ɗaya, ya tarar abin ba haka yake ba. Abin da ya tarar ya fi wancan nauyi, kuma ya ɗora mana aikin da har yanzu ba mu ɗauka ba.

Sai an fara ganin yadda ake irin wannan bincike kafin a gane darajarsa. Bawa ba ya barin littafi. Abin da ya saura daga bakinsa shi ne abin da abokin gabarsa ya rubuta. Bayan boren an kama ɗaruruwan 'yan Afirka, aka gurfanar da su gaban alƙalan unguwanni, akawu na rubutawa. Kowace takarda kusan farawa guda take yi: sunan da aka raɗa wa mutum a coci, ƙabilarsa, bawa ne ko 'yantacce, sunan ubangidansa, sana'arsa, inda yake kwana. Sai tambayoyi su biyo baya. Ina kake daren Asabar? Wa ka sani cikin waɗanda suka mutu? Takardar da aka samu a akwatinka ta wace ce, me aka rubuta a ciki?

Tarko na farko tsoro ne. Dokar laifuffuka ta Birazil ta 1830 ta ce idan bayi ashirin ko fiye suka taru don ƙwatar 'yanci da ƙarfi, shugabanninsu kisa ne hukuncinsu, sauran bulala, kuma ana yin ta hamsin a kowace rana har adadin ya cika. Mutumin da ya san haka zai ce barci yake yi, takardar a hanya ya tsince ta, shi bai iya karatu ba. Wanda ya ɗauki waɗannan amsoshi a kan fuskarsu zai tashi da cewa babu wanda ya yi boren. Tarko na biyu harshe ne. Da yawa Fotugis ɗinsu bai nuna ba, akawu kuma ba kalmominsu yake rubutawa ba, taƙaitawa yake yi da nasa, yana cewa "ya amsa cewa". Na uku sunan ƙabila. Abin da takardun ke kira Ussá ko Aussá ko Haussá, sau da yawa dillali ne ya laƙaba shi a bakin teku, kuma yana iya haɗawa da Babarbare ko Bagwari ko Bafillace da ya iya Hausa a hanya. Na huɗu sunaye. Joaquim da José da Antônio sun yi yawa ƙwarai, in ba ka haɗa kowane suna da ubangida da ƙabila da unguwa ba, sai ka mayar da mutum uku ɗaya, ko ka raba ɗaya gida uku.

Dabarar Reis ita ce ya ajiye musun a gefe, ya kama abin da ya suɓuce daga baki ba da niyya ba. Wa yake haya a ɗaki ɗaya da wa. A gidan wa ake yanka rago a ci tare. Wane tela ne ya ɗinka fararen rigunan. Sannan ya ɗauki kowane suna ya bi shi cikin wasu takardun da ba don boren aka rubuta su ba: takardun 'yanci da ke littattafan magatakarda, rajistar baftisma ta coci wadda ke nuna wa ya tsaya wa wa, lissafin dukiyar mamaci inda ake jera bayi da kuɗinsu, jaridu, wasiƙun ƙananan jakadun Ingila da Faransa, da fasfon masu komawa Afirka. Aiki ne irin na mai tsince tsakuwa daga shinkafa, shekaru ake yi a kansa.

Da haka mutane suka fito da fuskokinsu. Ga Luís Sanim, tsoho Banufe mai naɗin taba, wanda ya iya Hausa da Yarabanci ban da harshensa. Shi ke riƙe da asusun da 'yan'uwa ke zubawa, ana kasa kuɗin uku: kashi ɗaya a sayi yadin fararen riguna, kashi ɗaya a biya wa bawa abin da ubangidansa ke jira a ranar da bai fita aiki ba, kashi ɗaya a tara don fansa. Ga Pacífico Licutan, dattijo Bayarabe wanda almajiransa ke kira Bilal. Yana kurkukun birni lokacin boren, ba don ya yi laifi ba, an kama shi ne a matsayin dukiya saboda bashin da wasu limaman coci ke bin ubangidansa. Mutane na layi a ƙofar kurkukun suna neman albarkarsa. Masu boren sun yi ƙoƙarin fasa kurkukun su fitar da shi, ba su samu iko ba, daga baya aka yanke wa wannan tsoho bulala dubu. Ga kuma Elesbão do Carmo, wanda aka fi sani da Dandará, Bahaushe 'yantacce mai shagon taba a kasuwar Santa Bárbara, wanda ya amsa a gaban hukuma cewa shi malami ne tun a ƙasarsu.

Daren kansa Reis ya bi shi titi-titi. Shirin shi ne a tashi da asuba, lokacin da bayi ke fita ɗibar ruwa, ranar Lahadin da mutanen gari suka tafi bikin coci a Bonfim. Wata 'yantacciya mai suna Guilhermina Rosa de Souza ta ji ƙishin-ƙishin ta kai labari. Wajen ƙarfe ɗaya na dare 'yan sintiri suka buga ƙofar wani gida a gangaren Ladeira da Praça, mutum kusan sittin suka fito da takubba, aka fara yaƙin da ba a gama shirya shi ba. Waɗanda suka shiga sun kai ɗari shida. Niyyarsu su fita daga birni su haɗu da bayin gandayen rake, amma hanyar ta bi ta gaban barikin sojan doki a Água de Meninos, a nan aka karya su. Mutum huɗu aka kashe bisa hukuncin kotu ranar 14 ga Mayu. An kafa gungumen rataya amma aka rasa hauni, ko cikin fursunoni babu wanda ya yarda ya yi aikin, sai harbe su aka yi.

Da Reis ya jera waɗanda aka tuhuma bisa ƙabila, sai ya ga fiye da kashi biyu cikin uku Yarabawa ne, waɗanda Bahia ke kira Nagô. Hausawa ba su wuce ɗaya cikin goma ba, kuma akasarinsu ba a same su da laifi ba. Su huɗun da aka harbe duk Yarabawa ne. Ita kanta kalmar malê da ake kiran boren da ita daga Yarabanci take, imale, wato Musulmi. Zamanin Hausawa a Bahia ya riga wannan da shekara ashirin zuwa talatin. A Mayun 1807 gwamna ya bankaɗo shirin Hausawa na tayar da bore ranar wani bikin coci, aka samu ɗaruruwan kibau da itacen baka a wani gida. A Janairun 1809 suka tashi a wajen Nazaré. Ranar 28 ga Fabrairun 1814 fiye da mutum ɗari biyu suka ƙone wuraren kamun kifi a hanyar Itapuã, ƙarƙashin wani da takardun ke kira malomi João, kalmar da Reis ya mayar ga asalinta, malami. Zuwa 1835 waɗannan mutane sun manyanta, da yawa sun fanshi kansu sun kama sana'a, jiragen kuma yanzu Yarabawa suke saukewa dubbai, saboda daular Oyo na rugujewa.

A kan ma'anar wannan ne Reis suka yi shekaru suna ja-in-ja da Paul Lovejoy na Jami'ar York a Kanada, wanda ya yi bincikensa na farko a Kano kan fataucin goro, ya kuma koyar a Zariya. Lovejoy na ganin ba za a fahimci Bahia ba sai ta jihadin 1804 da abin da ya haifar a Ilorin daga 1817. Reis na cewa addini ne ya ba da shugabanci da harshe da ƙarfin zuciya, amma abin da ya tara mutanen ya haɗa da ƙabilanci da zafin bauta, an kuma samu waɗanda ba Musulmi ba a cikin sahu, kuma babu wata takarda da ta tsira wadda ta kira abin jihadi. Ni dai a ganina Reis ya fi gaskiya kan su wane ne suka fito a daren da abin da ya fito da su, Lovejoy kuma ya fi gaskiya kan hanyar da ta kai su can. To wannan hanyar ce ta ratso ta tsakar gidanmu.

Daga cikin mutum kusan miliyan goma sha biyu da rabi da aka loda a jirage zuwa nahiyar Amurka, Birazil kaɗai ta karɓi kusan miliyan biyar. Kiyasin Lovejoy ya nuna waɗanda suka fito daga ƙasar Hausa da Borno da Nupe da maƙwabtansu sun kai dubu ɗari ko fiye, akasarinsu maza majiya ƙarfi, kuma yawancinsu bayan 1804. Ba Bature ne ya zo Gobir ko Zazzau ya kamo su ba. Yaƙi ne ya kama su, wasu suna ɓangaren jama'ar Shehu, wasu suna ɓangaren sarakunan Haɓe, wasu fatake ne da aka tare a hanya, wasu manoma ne da hari ya rutsa da su a gona. Daga hannu zuwa hannu ake sayar da su, su ƙetare Kwara ta ƙasar Nupe, su ratsa ƙasar Yarabawa, su isa Ikko ko Badagry ko Porto-Novo ko Ouidah. Abin da ake musayarsu da shi a bakin teku, mafi yawa taba ce ta Bahia, mai daraja ta uku wadda ba a yarda a kai Lisbon ba, ana shafe ta da dafaffen ruwan rake don kada ta bushe. Malamanmu sun san abin na faruwa. Tun 1615 Ahmad Baba na Timbuktu ya yi fatawa cewa mutanen Kano da Katsina da Gobir da Borno Musulmi ne, bai halatta a bautar da su ba. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, a Infaƙul Maisuri, ya ambaci yadda ake sayen bayi daga ƙasarmu a kai ƙasar Yarabawa a sayar wa Nasara, ya yi gargaɗi kada a sayar da Musulmi ta wannan hanya. Gargaɗin shaida ne cewa ana yi.

Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ba zai yiwu mu rungumi malomi João mu ce namu ne, sannan mu kau da kai daga kasuwar da aka fara yi masa kuɗi ba. Lovejoy da Jan Hogendorn sun kiyasta cewa lokacin da Turawa suka ci daular Sakkwato akwai bayi tsakanin miliyan ɗaya da miliyan biyu da rabi a cikinta. Dokar Lugga ta 1901 ta 'yanta 'ya'yan da aka haifa daga Afrilun wannan shekara ne kawai, ba a soke bauta gaba ɗaya a Arewacin Najeriya ba sai 1936. A Nijar sai 2003 aka mayar da ita laifin da ake hukuntawa, kuma a 2008 kotun ECOWAS ta samu gwamnatin ƙasar da gazawa wajen kare Hadijatou Mani, wadda aka sayar tana yarinya. Har yau akwai gidajen da in an zo neman aure ake binciken asali a ɓoye, ana raɗa kalmar bacucane. Wannan shirun da muke yi a gida shi ne ya hana mu tambayar ina waɗanda aka kai kudu suka ƙare.

Wani abin da mai karatu Bahaushe zai gani a aikin Reis, wanda ɗan Birazil ba lalle ya gani ba, shi ne murgu, wato kuɗin da bawa ke biyan ubangidansa don a bar shi ya yi neman kansa. A Salvador ubangida kan saki bawansa ya shiga gari neman kuɗi, dako ko ɗinki ko aski ko ɗaukar masu hali a kujerar kafaɗa, a kan ya kawo wani adadi kowane mako, abin da ya ragu nasa ne. Da ragowar ake tara kuɗin fansa, galibi ta hanyar asusu irin na adashi. Masu dako suna da matattara a kusurwoyin titi, kowace da shugabanta, kuma bisa ƙabila ake zama. Waɗannan matattaru su ne jijiyar boren 1835, su ne kuma suka tsayar da birnin cik a Yunin 1857, lokacin da hukumar gari ta ce sai kowane ɗan dako ya yi rajista, ya biya haraji, ya rataya lambar ƙarfe a wuya. Fiye da mako guda kaya na jibge a tashar jiragen ruwa babu mai ɗauka, har aka janye harajin. Reis ya ba wannan yajin aiki littafi sukutum a 2019. Wanda ya san yadda murgu ya yi aiki a Kano da Zariya, da yadda Turawan mulki suka mayar da shi hanyar fansa ta kotun alƙali, yana da abin kwatance a hannunsa da zai amfani ɓangarorin biyu.

Kuma Reis bai mayar da kowa waliyyi ba. Ya bi rayuwar Manoel Joaquim Ricardo, Bahaushe da aka sauke a Bahia a farkon ƙarni na 19, wanda ya fara kasuwanci tun yana bawa, har da cinikin bayi, ya rasu a 1865 yana cikin masu arzikin gari, da gidaje da bayi fiye da ashirin. Tare da Flávio Gomes da Marcus de Carvalho ya bi sawun Rufino José Maria, malami ɗan Oyo wanda ya fanshi kansa sannan ya kama aikin kuku a jirgin bayi, ya yi karatu wurin malaman Saliyo, aka kama shi a Recife a 1853 da littattafansa. Irin waɗannan rayuka ba sa shiga waƙar yabo, amma su ne ke nuna yadda bauta ke lalata har wanda ta ci. Abin da Hausawan suka bari a fili a Bahia kaɗan ne. Akwai wani abinci da har yau ake kira arroz de hauçá, shinkafar Hausa, wadda ake dafawa ta yi laushi kamar tuwo a ci da soyayyen busasshen nama.

Inda aikin Reis ya tsaya, a nan namu ya kamata ya fara, kuma wurin a bayyane yake. Takardun Larabcin ya dogara ne da karatun wasu. Vincent Monteil ya duba su a 1967, Rolf Reichert ya buga hotunansu da fassara a 1970, daga baya Nikolay Dobronravin na Rasha ya nuna cewa a cikin irin waɗannan rubuce-rubuce akwai Hausa da ajami, har da wani ɗan littafi daga Bahia da ke ɗakin karatu na Le Havre a Faransa, da wata takarda da wani Bagobiri ya rubuta a Trinidad a 1817 wadda ke Dublin. Sun yi ƙoƙari ƙwarai. Amma da ɗan gari akan ci gari. Alarammar da ya rubuta Alƙur'ani da ka, yana ganin shafi zai gaya maka wannan hannun gardi ne ko na ƙolo, a ina mai rubutun ya tsaya a hadda, wace aya ya haɗa da wace saboda sun yi kama, wannan hatimin na tsari ne ko na farin jini ko na sa maƙiyi ya kasa gani.

Yadda za a yi shi ba ɓoyayye ba ne. A nemi hotuna masu kyau na kowace takarda, gaba da baya, da ma'auni a gefe, domin girman takarda da sawun ninki su ke nuna laya ce ko darasi. A zaunar da alaramma da masanin ajami da masanin tarihi a kan shafi guda. A kwafe harafi da harafi yadda yake, kada a gyara ko ɗigo. Nan ne aka fi yin ɓarna: mai kwafe ya ga kuskure a aya, imaninsa ya hana shi barinsa, ya gyara, ya shafe shaidar da ake nema. Kuskuren shi ne ke faɗin harshen mai rubutu. Bahaushe yakan mayar da harafin ladi lam, shi ya sa muke cewa alƙali da alwala da larura, yakan kuma haɗa sin da sa da sadi. Bayarabe da Babarbare kowa da irin nasa tuntuɓen. Wanda kuma bai saba da Warshu ba zai karanta ƙaf ɗinmu a matsayin fa, ma'ana ta tashi. Bayan an gama kwafe na zahiri, sai a yi na biyu mai gyara a gefensa, sannan fassara.

Akwai wata tambaya da wannan zama zai iya taɓawa. A 1835 'yan sanda sun kawo wani bawa Bahaushe mai suna Albino ya karanta musu takardun. Ya ce ɗaya na ɗauke da umarnin yadda mutanen unguwar Vitória za su taho su bi ta Água de Meninos su haɗu da sauran a Cabrito, da sa hannun wani Mala Mubakar. A cikin takardun da suka tsira babu mai wannan magana, ayoyi ne da addu'o'i. Ko takardar ta ɓace, ko Albino ya faɗa wa masu bulala abin da suke son ji, ko ya karanta ajamin da wani bai iya ba. Kunnen Bahaushe na jin Malam Abubakar a wannan suna nan take, kamar yadda yake jin allo a walá da tasbaha a tessubá. Sai dai kunne ma yana yaudara. Mai jin Dandará zai so ya ce Ɗan Daura ne, kuma ba shi da hujja ko ɗaya. Irin wannan hasashe a rubuta shi a matsayin hasashe, kada ya shiga littafin makaranta a matsayin tarihi.

Sai kuma hanyoyi. A ƙarshen shekarun 1840 ƙaramin jakadan Faransa a Bahia, Francis de Castelnau, ya zauna da Hausawa da Barebari yana tambayarsu garuruwansu da yadda aka kama su da zangon da suka bi zuwa teku, ya buga a 1851. Abin da ya dame shi neman labarin wasu mutane masu wutsiya ne, amma a kan hanya ya rubuta sunayen garuruwa da kwanakin tafiya da yaƙe-yaƙe. Sunayen da kunnen Bafaranshe aka ji su, da rubutun Faransanci aka rubuta, Kachena a maimakon Katsina. Ɗalibin da ya san ƙasar zai iya ɗaukar kowace tafiya ya ɗora ta a taswira zango-zango, ya gwada kwanakin da tafiyar ayari, ya nemi yaƙin da mutumin ya ambata a tarihin Kano ko na Zazzau ko a takardun Gidan Arewa da ke Kaduna da na Cibiyar Waziri Junaidu a Sakkwato. Inda aka yi dace, za a iya cewa wannan mutum da ya tsufa yana dako a Salvador, a yaƙi kaza aka kama shi, a shekara kaza.

Duk wannan ba zai yiwu ba sai da Fotugis, kuma Fotugis na akawun ƙarni na 19, mai gajerce-gajercen kalmomi da tawadar da ta ci takarda. Shekara biyu na harshe da wata shida na koyon karanta tsohon hannu sun isa su sa ɗalibi a hanya. Jami'ar Obafemi Awolowo a Ile-Ife ta daɗe tana koyar da harshen, Cibiyar Nazarin Afirka da Gabas ta Jami'ar Bahia kuma, wadda aka kafa a 1959, ta daɗe tana koyar da Yarabanci, shi ya sa zumuncin Yarabawa da Bahia yake raye, da malamai da ɗalibai masu kai da kawo. Mujallar cibiyar, Afro-Ásia, wadda Reis ya taɓa zama editanta, kyauta take a intanet. Tun 2003 dokar Birazil ta wajabta koyar da tarihin Afirka a makarantu, don haka ƙofar a buɗe take daga can. Abin da ake buƙata daga sassan tarihi na Zariya da Kano da Sakkwato da Yamai shi ne ɗalibi biyu ko uku a kowane zango da za a ɗauki nauyinsu su koyi harshen, su je Salvador su yi shekara a gidan takardun, da alaramma guda cikin tawagar, da kuma mai fassara da zai zauna ya juyo littafin 2003 zuwa Hausa kai tsaye daga Fotugis, domin fassarar Turancin da ke hannun mutane ta 1993 ce, ba ta ɗauke da abin da Reis ya ƙara a bugun 2003.